Maigidana Yana Son Mu Koma Iskar Gas da Kuɗin Rufin Mahaifiyata

Assalamu alaikum. Ni matar aure ce da 'ya'ya uku, asalinmu daga zangon Kumasi, amma muna zaune a Worcester da ke jihar Massachusetts ta Amurka. Shekara huɗu ke nan da ni da maigidana muka haɗa kuɗi muka sayi wani tsohon gida, kuma sunanmu mu biyu ne a takardar. Da mai ake ɗumama gidan, akwai tanki a ɗakin ƙasa, boilar kuma, wato tukunyar da ke dafa ruwan ɗumama gidan, ta haura shekara 30. A sanyin bara mun ƙona mai wajen galan 900, sannan sau biyu boilar ta mutu da tsakar dare, muka kwana da 'yan hita na lantarki. Yanzu maigidana ya kawo wani ɗan kwangila da ya ce zai mayar da mu iskar gas a kan dala 16,000, kuma wai idan ba mu sa hannu cikin makon nan ba rangwamen zai wuce. Kuɗin da maigidana ya sa wa ido su ne na adashena, waɗanda na yi shekara biyu ina zubi daga aikin kula da tsofaffi, na kuma yi wa mahaifiyata alkawarin zan sake mata rufin ɗakinta da su kafin damina. Bai tambaye ni ba, sai dai na ji yana lissafa su a gaban ɗan kwangilar. Da na yi magana ya ce na fi son gidanmu a kan 'ya'yana, ya ce idan na hana zai ci bashi mai ruwa, alhakin kuma yana wuyana. Ga mahaifiyarsa da ke zaune tare da mu ta rantse ba za ta kwana a gidan da aka ja bututun gas ba, domin tun fashewar nan ta Akra take tsoro. Oktoba ta kama, sanyi na tafe, ni kuma na rasa inda zan sa kaina. Don Allah a ba ni shawara.

Daga wata 'yar'uwa a Worcester

Wa alaikumus salam wa rahmatullah, 'yar'uwata. Na karanta wasiƙarki a tsanake, kuma abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne wurin da kika ce kin ji ana lissafa kuɗinki a gaban baƙo ba tare da an tambaye ki ba. Mace ta yi shekara biyu tana ɗawainiya da tsofaffin mutane, tana zubi wata bayan wata da niyyar share wa mahaifiyarta hawaye, sai a wayi gari an shigar da guminta cikin wani lissafi kamar ba ta nan. Dole ranki ya sosu, kuma babu laifi a kanki don kin ji zafin hakan. Maganar da ya faɗa cewa kin fi son gidanku a kan 'ya'yanki ma ba ta dace ba, domin matar da ta riƙe alkawarin uwarta ba ta rage wa 'ya'yanta komai ba.

Duk da haka ina so ki tsaya ki dubi abin daga inda maigidanki yake tsaye. Shi ne mutumin da ya ga 'ya'yansa da mahaifiyarsa suna rawar ɗari cikin dare har sau biyu, a garin da dusar ƙanƙara ba ta wasa, kuma ya san cewa matsugunin iyali haƙƙi ne da ke wuyansa. Ya ga yadda farashin man ɗumama ya haura dala 5 kowane galan a 2022 bayan Rasha ta mamaye Yukiren, ya san kuma babu mai ba shi tabbacin hakan ba zai sake faruwa ba. Tsoronsa yana da tushe. Boilar da ta haura shekara 30 ta kuma mutu sau biyu a sanyi guda ba abar dogaro ba ce, su kuwa 'yan hitan da kuka kwana da su suna da nasu haɗarin: gobarar da ta kashe mutum 17 a wani bene a unguwar Bronx ta New York a Janairun 2022, yawancinsu 'yan asalin Gambiya, daga irin wannan hita ta tashi. Saboda haka ya yi gaskiya da ya ce dole a yi wani abu. Inda ya kauce shi ne gaggawar, da kuma hanyar da ya bi ta kanki.

Bari in fara da gaggawar, domin ita ce ta shaƙe ku duka. Kada ku sa hannu a makon nan. Tunda Hajiya, mahaifiyar maigidanki, tana maganar kada a ja bututu, na fahimci babu mitar gas a gidan yanzu, wannan kuwa yana nufin aikin ba a hannun ɗan kwangila kaɗai yake ba. Kamfanin gas, wanda a Worcester shi ne Eversource, shi zai tabbatar ko akwai babban bututu a titinku, shi zai faɗi nawa za a kashe a jawo reshe zuwa gidanku, shi kuma zai sa ranar aiki. Kafin a haƙa sai an sanar da masu alamta bututai da wayoyin ƙarƙashin ƙasa, sai kuma an sami izinin gari, ga shi garuruwa da yawa a jihar suna hana fasa titi daga wajen tsakiyar Nuwamba har sai sanyi ya wuce, in ba aikin gaggawa ba. Wanda ya nemi sabon layi a Oktoba yana iya jira har bazara. Wato ko yau kika miƙa kuɗinki gaba ɗaya, akwai yiwuwar da mai za ku fita wannan sanyin. A da kamfanoni kan ɗauki kaso mai yawa na kuɗin jan layin, amma hukumar da ke kula da su a jihar ta karkata ga rage wannan tallafi, don haka ku nemi adadin a rubuce daga kamfanin kansa, kada ku dogara da abin da ɗan kwangila ya faɗa da baki. Ɗan kwangilar da ya san aikinsa ba zai ɗaure ku da wa'adin mako guda a kan aikin da bai san ranar fara shi ba.

Abin da ya kamata a yi cikin makon nan shi ne a kira mai gyaran boilar mai wanda ke da lasin, ya wanke ta, ya sauya matatar mai da bakin fesa man, ya gwada yadda take ƙonawa, ya ba ku sakamakon a takarda. Ku tambaye shi kai tsaye me ya kashe ta bara. Idan laka ce ta taru a gindin tanki ta toshe matata, ko abin kunna wuta ne ya gaji, ko famfon da ke zagaya da ruwa, waɗannan gyare-gyare ne na 'yan ɗaruruwan daloli, kuma boilar za ta iya fitar da ku sanyin nan. Idan kuwa jikin tukunyar ne ya tsage yana yoyo, ko tana mayar da hayaƙi cikin gida, to kwananta ya ƙare, zan kuma dawo kan abin da za ki yi idan haka ta tabbata. Ku shiga yarjejeniyar gyara ta shekara wadda ta haɗa da kiran dare, sannan ku tabbata akwai ƙararrawar kabon monoksaid, iskar nan mai guba da ba ta da wari, mai aiki a kowane hawa da kusa da ɗakunan kwana, wanda dokar jiharku ta wajabta tun 2006.

Sai lissafi, kuma ina roƙonki ki yi shi da hannunki, domin wanda ya riƙe alƙalami a irin wannan zama shi ake saurara. Galan ɗaya na man ɗumama yana ɗauke da zafin da ya kai kusan therm 1.4, therm kuwa shi ne ma'aunin da za ki gani a takardar biyan kuɗin gas. Galan 900 ɗinku ya kama kusan therm 1,250. Mu ɗauka tsohuwar boilarku tana shigar da kashi 75 cikin 100 na wannan zafi cikin gida, sauran yana fita ta bututun hayaƙi, wato abin da ya ɗumama ku a zahiri wajen therm 940 ne. Sabuwar boilar gas irin wadda ke tatse zafin hayaƙinta tana iya kaiwa kashi 95, don haka za ta buƙaci kusan therm 990 ta yi aikin nan. Idan muka ƙaddara galan a kan dala 4, therm kuma a kan dala biyu da rabi, man zai ci dala 3,600 a shekara, gas kuma 2,475, ban da ɗan kuɗin mita na wata-wata. Rarar ta kama wajen dala 1,100, ke nan dala 16,000 za ta ɗauki shekara 14 zuwa 15 kafin ta dawo. Waɗannan farashin misali ne kawai na sa. Ki ɗauko rasit ɗin manku na bara, ki roƙi wata maƙwabciya mai gas ta nuna miki takardarta ta Janairu, ki raba jimlar kuɗin da yawan therm. Jimlar nake nufi, domin kuɗin kawo iskar ta bututu yakan kai na iskar kanta ko ya fi, kuma a nan mutane da yawa suke ruɗuwa.

Adalci ga maigidanki shi ne a ƙara wani mataki a lissafin. Boilar nan dole a sauya ta ko ba jima ko ba daɗe, saboda haka ba duka dala 16,000 ce kuɗin komawa gas ba. Abin dubawa shi ne bambancin da ke tsakaninta da kuɗin sabuwar boilar mai. Sabuwar ta mai da ke kaiwa kashi 85 za ta sauko da ku zuwa galan 800, wato dala 3,200 a misalinmu, tazarar da ke tsakaninta da gas kuma ta koma wajen dala 700 a shekara. Idan aikin gas ya fi na mai tsada da dala 6,000, zai biya kansa cikin shekara takwas ko tara, wannan kuwa ba mummunan ciniki ba ne ga wanda zai daɗe a gidan. Gas yana da wasu fa'idodin da ba sa fitowa a lissafi: babu jiran motar mai, babu biyan dala dubu a tashi ɗaya don cika tanki mai galan 275, babu fargabar tanki ya yi yoyo a ɗakin ƙasa, wanda share shi kan ci maƙudan kuɗi kuma inshorar gida sau da yawa ba ta ɗauka sai an yi mata ƙari na musamman. Sannan dokar jihar ta hana kamfanin gas yanke wa mai fama da ƙuncin kuɗi hanyar ɗumama daga 15 ga Nuwamba zuwa 15 ga Maris, kariyar da mai sayen mai ba shi da ita. A ɗaya ɓangaren, mai mai yana iya sauya dillali idan aka tsawwala masa, mai gas kuwa bututu ɗaya gare shi, kuma a sanyin 2024 zuwa 2025 kuɗin gas ya yi tashin da ya sa jama'ar jihar kuka har hukuma ta sa baki.

Takardar ɗan kwangilar ma tana buƙatar a karanta ta layi-layi, kuma a samo wasu biyu a gwada. Da farko ku san ko ƙarafan ɗumama ɗakunanku ruwan zafi ke bi ta cikinsu ko tururi, domin tsofaffin gidajen Worcester da dama na tururi ne, su kuwa ba a sa musu boila mai tatse hayaƙi; tasu ba ta wuce kashi tamanin da 'yan kai, rarar da muka lissafa kuma za ta ragu sosai. Ko a gidan ruwan zafi, kashi 95 ɗin nan ba ya samuwa sai ruwan da ke komowa tukunya bai wuce zafin digiri 55 a ma'aunin Selshiyos ba. Idan ta tsohon bututun hayaƙi za a fitar da hayaƙin gas, dole a zura masa sabon rufin ƙarfe a ciki, saboda hayaƙin gas yana da danshi, idan ya haɗu da tsohon baƙin hayaƙin mai sai ya zama ruwa mai cin bulo. Ku duba ko an sa kuɗin cire tanki da izinin hukumar kashe gobara, ko an ambaci ruwan zafin wanka, ko an yi maganar farin abin da aka naɗe tsofaffin bututai da shi, wanda yana iya zama asbestos kuma ba kowa doka ta yarda ya taɓa shi ba. Bakin bututun da motar mai ke zuba mai ta waje dole a cire shi ranar da aka cire tanki, a kuma soke yarjejeniyar kawo mai a rubuce, domin an sha samun direban da ya ɗura mai ta bututun da babu tanki a ƙarshensa, ɗakin ƙasa ya cika. Wanda zai haɗa gas ya kasance mai lasin jiha, ya ɗauki izini da sunansa, ya auna buƙatar gidan ɗaki-ɗaki kafin ya zaɓi girman boila, kada ya kwafi girman tsohuwar kawai. Kada ku biya cikon kuɗi sai mai duba aiki na gari ya zo ya amince.

Kafin duk wannan akwai matakin da ya fi kowanne araha, kuma shi nake so ki fara kai wa maigidanki. Shirin Mass Save, wanda kuna biyan kuɗinsa ta takardar wutar lantarkinku, yana turo ma'aikaci ya duba gida kyauta, ya nuna inda iska ke shiga, a toshe, sannan a ɗauke muku kashi 75 cikin 100 na kuɗin cusa abin tare sanyi a rufi da bango, masu ƙaramin ƙarfi ma a ɗauke musu duka. Ɗumama tsohon gidan da ba a toshe ba kamar ɗiban ruwa da kwando ne, ko da mai ko da gas. Idan aka toshe, man da za ku ƙona a wannan sanyin zai ragu, boilar da za ku saya daga baya ma za ta zama ƙarama. Ku kuma nemi tallafin kuɗin ɗumama na gwamnati ta hannun Worcester Community Action Council. Ana duba yawan mutanen gida da abin da ke shigowa, iyakar kuma ita ce kashi 60 cikin 100 na matsakaicin samun iyali a jihar, gida mai mutum shida kamar naku yana iya shiga ko da ku biyu kuna aiki. Wanda ya cancanta yana iya samun taimakon gyara ko sauya boila ma. Babu abin kunya a nan, daga harajinku ne.

Akwai kuma hanya ta uku da ɗan kwangilar bai ambata ba, ita ce na'urar lantarki mai jawo zafi daga iskar waje ta tura cikin ɗaki, wadda da rani take juyawa ta zama mai sanyaya ɗaki. Na zamani suna aiki ko da sanyi ya yi tsanani, jihar Maine da ta fi ku sanyi ta cika burinta na kafa guda 100,000 a 2023, shekara biyu kafin wa'adi. Jiharku ta kafa doka a 2021 cewa za ta daidaita hayaƙin da take fitarwa zuwa sifiri kafin 2050, kuma daga 2025 Mass Save ya daina tallafa wa sayen boilar gas ga yawancin gidaje, ya mayar da tallafin kan waɗannan na'urori da toshe gida. Bashinsa da ake kira HEAT Loan ba a biyan ruwa a kansa, ana biya cikin shekaru, kuma wannan ya taɓa barazanar da aka yi miki ta bashi mai ruwa: ba shi ne kaɗai ƙofar da ta rage ba, idan kuma zuciyarku ba ta natsu da tsarinsa ba ku kai wa malami takardun ya duba. Gaskiya ce wutar lantarki tana da tsada a jiharku, don haka wannan ma sai an lissafa, a kuma tambayi kamfanin wuta farashin musamman na lokacin sanyi ga masu irin na'urar. A ganina, iyalin da ba su da layin gas tun asali su yi nazari sosai kafin su kashe dubbai su shiga tsarin da jihar kanta take shirin janyewa daga gare shi, domin idan masu amfani da bututu suka ragu, kuɗin kula da shi a kan waɗanda suka rage zai hau. Mutane da yawa suna sa na'urar a falo da ɗakin tsofaffi, su bar boilar mai don ranakun da sanyi ya kai matuƙa, kuma wannan tsari yana iya dacewa da ku.

Game da Hajiya, kada kowa ya yi mata dariya ko ya ce tsufa ne. Ina kyautata zaton fashewar tashar gas ta Atomic Junction a unguwar Madina da ke Akra take nufi, ta Oktoban 2017, wanda duk ya ga hotunan wutar nan ba zai manta ba. A jiharku ma, ranar 13 ga Satumban 2018, matsin iska ya yi yawa a bututan garuruwan Lawrence da Andover da North Andover saboda kuskuren aiki, gidaje da yawa suka kama wuta, wani matashi ya rasa ransa. Tsoronta yana da hujja, sai dai akwai abin da za a bayyana mata cikin ladabi. Gas ɗin tukunya da ta sani a Ghana ya fi iska nauyi, idan ya tsiyaya ƙasa yake kwanciya ya taru, na bututu kuwa ya fi iska sauƙi, sama yake yi, an kuma sa masa wari irin na ruɓaɓɓen ƙwai don a ji shi da wuri, ga ƙararrawar da ake sayarwa mai kuka idan ta shaƙe shi. Ƙa'idarsa guda ce da kowa a gida zai haddace: idan aka ji warin, ba a kunna fitila ba a kashe, a fice waje sannan a kira 911. Ya kamata kuma ta san cewa iskar da ba ta da wari, wadda ke kashe mutane cikin barci, tsohuwar boilar mai ma tana iya fitar da ita, haka gawayin da aka hura a rufaffen ɗaki ko murhun girki da aka buɗe don jin ɗumi. Wannan bayani ɗanta ne zai yi mata, ke kada ki shiga tsakani, kuma kada ki jingina da rantsuwarta don ki ci galaba a kan mijinki. Idan kika yi haka za ki sami nasarar kwana ɗaya, shi kuma zai daɗe yana ganin an haɗe masa kai a cikin gidansa.

Yanzu ga batun kuɗinki. Abin da mace ta samu da guminta nata ne, a addini da kuma a al'adarmu, miji ba ya taɓa shi sai da yardarta, kuma idan ya zaɓi ya ci bashi mai ruwa alhali akwai wasu hanyoyi, ba za a ɗora miki zaɓinsa ba. Amma tunda gidan da sunanki a takarda, duk abin da aka gyara a cikinsa kema dukiyarki ce aka gyara, don haka bai kamata ki ɗauki maganar boila a matsayin matsalarsa shi kaɗai ba. Ki zaɓi lokacin da yara suka kwanta, Hajiya ba ta kusa, shi kuma ya ci abinci ya huta. Ki fara da abin da kuka yarda a kai, ki gaya masa cewa kema ba kya son daren bara ya maimaitu, kuma kin ga ɗawainiyar da yake yi. Daga nan ki faɗa masa sau ɗaya, a fili, ba tare da ɗaga murya ba, cewa lissafa kuɗinki a gaban baƙo ya ɓata miki rai, kuma kina so daga yau a riƙa tambayarki. Kada ki tsaya jiran ya ba ki haƙuri a daren, maza da yawa sukan gyara a aikace kafin bakinsu ya iya furtawa. Sai ki ajiye masa takardar lissafinki da ranar da kika samo wa mai gyara da ta Mass Save, don ya ga kin zo da mafita a hannu.

Shawarata a kan rabon kuɗin ita ce rufin mahaifiyarki ya shiga gaba, muddin mai gyara ya ce boilar za ta fita sanyin nan. Ruwan Kumasi yakan sauka tun wajen Maris, ba ya jiran kowa, aikin gas kuwa da wuya ya fara kafin lokacin. Ki sa wani amintacce ya samo miki farashin kwano da katako da kuɗin kafinta a rubuce, ki biya kashi-kashi yadda aiki ke tafiya, domin yana yiwuwa rufin ɗaki ɗaya bai cinye adashen duka ba. Abin da ya rage ki yanke da kanki nawa za ki sa a gidanku, ki kuma fayyace ko kyauta ce ko rance. Idan rance ne ku rubuta ku sa shaida. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, a kan rubuta bashi ta sauka, don haka babu wanda zai ce rashin yarda ne. Idan kuwa aka tabbatar tukunyar ta tsage, to lafiyar mutum shida a cikin sanyi ita ce gaba. A wannan hali ku sa sabuwar boila ko na'urar da za a iya kafawa cikin kwanaki, ba wadda za ta jira haƙa titi ba, ki ba da wani kaso a matsayin rance rubutacce, ki kira mahaifiyarki da kanki ki gaya mata gaskiyar abin da ya faru da watan da za a yi rufin, a kuma aika abin da za a liƙe inda yake yoyo kafin nan.

Idan kika yi duk wannan ya dage sai ya sa hannu cikin makon, ki roƙe shi kwana 30 kacal, lokacin da zai isa a sami amsar kamfanin gas da rahoton mai gyara da farashin wasu 'yan kwangila biyu. Idan ya ƙi, ko ya ci gaba da jifanki da maganar da ta shafi 'ya'yanki, ki nemi limaminku ko wani dattijo daga cikin mutanenku na Worcester wanda yake jin nauyinsa, ya zaunar da ku tare da takardun a gabansa. Kada kuma ki sa hannu a kan kowace takardar bashi da aka jingina da gidan sai kin karanta ta kin gamsu, domin gidan da sunanki, bashin ma da sunanki zai kasance. Allah Ya daidaita tsakaninku, Ya ba Hajiya da mahaifiyarki lafiya, Ya fitar da ku sanyin nan lami lafiya.